Asalin Hatimi

Duk wanda ya taɓa shiga Zangon Kwatano, ya ratsa lungunan da ke kewaye da babban masallaci ya nufi kasuwar Dantokpa, ya ga malaman zaure, waɗanda mutanen ƙasar ke kira alfa. Allo a cinya, tawada a gefe, ana zana wani ɗan gida mai ɗaki tara, ko wane ɗaki da harafi ko lamba. Sunansa hatimi, masu ilminsa kuwa su ce wafaki. Fatake da almajirai ne suka sauko da shi bakin teku daga arewa, amma asalinsa ya fi haka nisa.

Mutanen Sin suna da labari, wai a zamanin wani sarki nasu mai suna Yu, kogin Lo ya yi ambaliya, sai wani kunkuru ya fito daga ruwan da ɗige-ɗige a bayansa, jeri uku uku. Da aka ƙidaya, sai aka ga ko ta ina aka bi, tsaye ko kwance ko a karkace, jimla 15 ce. Wannan tatsuniya ce, amma gidan na nan yadda suka faɗa: 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa. A ƙarni na 10 ya bayyana cikin littattafan 'yan Ikhwanus Safa na Basra. A hannun Larabawa ne ya canza kama, domin su ko wane harafi nasu yana ɗauke da lamba: alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, har zuwa 1,000. Sai suka cire lambobin suka zuba haruffa. Kusurwa huɗun nan, 2, 4, 6, 8, suka ba da kalmar buduhu da ake gani a layu. Aka kuma lura duk gidan jimlarsa 45, daidai da sunan Adamu, ko wane layi kuma 15, daidai da sunan Hauwa. Daga nan aka riƙa rubuta shi don mai naƙuda, aka jingina shi ga Imamu Gazali, ko da yake gidan ya girme shi nesa ba kusa ba.

To, ga inda abin ya fi daɗin nazari. A wannan ilmi babu alamar da ke zaune ita kaɗai, kowacce wata ce ke juya ta. Ɗauki ƙwarya guda ta rubutu: ka sa mata ɗigo ɗaya a ƙasa, ba ce, 2. Ɗigo biyu a sama, ta ce, 400. Uku, 500. Ha ƙarami 8 ne, da ya sami ruwa, wato ɗigo, a ka ya zama 600, in ruwan ya koma ciki ya zama jim, 3. Kuma fa rubutun Larabci na farko ba a cika sa masa ɗigo ba. A zamanin Hajjaju ɗan Yusufu aka daidaita su, bayan Abul Aswad ya fara alamun wasali. Shi ya sa malamin kirki ba ya barin almajiri mai rawar hannu ya kwafi hatimi. Tawada ta ɗiga inda ba a so, lissafi ya rushe.

Har ƙasa ma tana juya harafi. Mu nan mun gaji hisabin Magariba, inda sin yake 300, alhali a gabas 60 ne. Bisimilla da mutanen Indiya da Pakistan ke rubutawa 786, in ka bi lissafin Magariba 1,026 za ta ba ka. Alfa da ya sayi bugun Masar ya haɗa da abin da ya gada a zauren kakansa ba tare da lura ba, ya yi aikin banza.

Ga yadda ake shigar da suna a gidan. A tara lambar sunan, a cire 12, a raba uku, abin da ya fito a aje shi a ɗakin da 1 yake, a riƙa ƙara ɗaya ɗaya bisa tsarin ɗakunan. Sunan Allah 66 ne. Cire 12, saura 54, raba uku, 18. Za a fara daga 18 a ƙare a 26, kuma ko wane layi zai ba da 66.

Littafin da ya fi yaɗa abin shi ne Shamsul Ma'arifi, wanda ake dangantawa da Ahmadul Buni na ƙarni na 13. Amma mu ma muna da gwaninmu, Muhammadu ɗan Muhammadu Alkashinawi, Bafillacen Katsina. Ya tafi hajji, ya zauna Alƙahira, a 1732 ya rubuta hanyoyin gina gidaje masu layi mara, wato 3, 5, 7 da sauransu. Ya rasu a 1741 a gidan Hasan Aljabarti, mahaifin mashahurin marubucin tarihin Masar. Yau masu tarihin lissafi sun fi mu ambatonsa, abin da ya kamata ya ba mu kunya.

Malamai ba su taɓa haɗa baki a kan halaccinsa ba. Ibnu Khaldun ya sa ilmin haruffa a sahun sihiri, 'yan Izala ma tun kafuwarsu a Jos a 1978 suke yaƙi da layu. Duk da haka a Kwatano kasuwar alfa ba ta mutu ba, kuma ba Musulmi kaɗai ke zuwa zaurensa ba. Mutanen Fon suna da nasu duban, Fa, mai manyan alamu 16 da ake aurar da juna su haifi 256, ta dama tana sauya ma'anar ta hagu. Wanda ya tashi da wannan, in aka ce masa ɗigo guda ya mai da 8 ta zama 600, ba ya musu, sai dai ya tambayi nawa ne sadaka.