Shaihu Umar (fim)

Shaihu Umar fim ne na Hausa da Adamu Halilu ya ba da umarni a 1976. Tushensa littafin Abubakar Tafawa Balewa ne, wanda ya fito daga gasar rubutun da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mai da littafin wasan kwaikwayo.

Ƙarfin fim ɗin yana cikin waiwaye. Dattijon malami na ba almajiransa labarin yadda aka sace shi yana yaro, ya ƙetare Sahara, mahaifiyarsa na cigiyarsa har ta faɗa bauta.

An daɗe ana zaton fim ɗin ya ɓata. Bayan an gano shi, aka gyara, aka nuna a Berlin a 2018.