Haƙƙin Sauraro Kafin Hukunci: Ƙananan Hukumomi da Shari'ar Gurɓata Muhalli

Jadawali na Huɗu na Kundin Tsarin Mulkin Najeriya na 1999 ya ɗora wa ƙananan hukumomi 774 nauyin kwashe shara, kula da mayanka da kasuwanni, da sa ido a kan shaguna da gidajen abinci da na burodi. Da wannan iko ne duba-gari kan iso ƙofar mai injin markaɗe, ya ga baƙin ruwa ya toshe kwata, ya shafa jan fenti a bango, ya garƙame kwaɗo. Sau da yawa mai injin sai ya dawo daga masallaci yake tarar da hukuncin. Ba a tambaye shi ba ko kwatar daga sama ta toshe, ko ya taɓa kai kuka sakatariya. Hujjar wannan maƙala ita ce, hukuncin tsabta da aka yanke ba tare da jin ta bakin wanda abin ya shafa ba ya saɓa doka, kuma ba ya tsabtace gari.

Sashe na 36(1) ya ba kowa haƙƙin a saurare shi da adalci, ko da gwamnati ce abokiyar shari'arsa. Sashe na 36(2) ya fi kusa da batunmu. Ya yarda doka ta ba hukuma ikon yanke shawara bisa sharaɗi biyu: a ba mutum damar gabatar da uzurinsa kafin a yanke, kuma kada a rufe masa ƙofar ƙalubalantar hukuncin. A shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri a 1986, Kotun Ƙoli ta soke korar ɗalibai saboda ba a saurare su yadda ya dace ba. Mu ma ƙa'idar ba baƙuwa ba ce gare mu, domin alƙalin Musulunci ba ya hukunci sai ya ji mai ƙara da wanda ake ƙara.

Sai dai shari'ar gurɓata muhalli tana da ɓangare na uku da aka fi mantawa da shi, wato masu shaƙar warin. Mazauna gefen Sharaɗa da Challawa da Bompai sun daɗe suna zaune da ruwan da masana'antun jima ke saki, manoman lambu kuma na ban ruwa da abin da kogin Jakara ya kwaso. Idan ƙaramar hukuma za ta ware filin juji ko ta ba da izinin mayanka a unguwa, su ne za su kwana da sakamakon. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Matar da rijiyarta ta canza launi tana riƙe da shaidar da babu ita a fayil ɗin kowane jami'i.

Wani zai ce annoba ba ta jiran zaman kwamiti, kuma yana da gaskiya. Gubar dalma a ƙauyukan Anka da Bukkuyum a 2010 ta kashe ɗaruruwan yara, kuma a irin wannan hali dole a rufe wuri nan take. Amma gaggawa tana halatta rufewar wucin gadi ne kawai, sauraro ya biyo baya cikin 'yan kwanaki.

Gyaran yana hannun kansiloli, ta hanyar dokokin da suke da ikon yi. A riƙa ba da sanarwa a rubuce cikin harshen da mutum yake ji, a fayyace laifin da wa'adin gyara. A yi zama a bainar jama'a, da mai unguwa da maƙwabta, mata a cikinsu. Jami'in da ya kawo ƙara kada ya zama alƙali. A rubuta dalilin hukunci, a nuna inda za a ɗaukaka ƙara. Mutumin da aka saurara kafin a ci shi tara yakan gyara kwatarsa, domin ya san abin da ya yi. Wanda aka garƙame wa shago bai san hawa ba bai san sauka ba, abin da zai koya shi ne wa zai gani a buɗe masa, ruwan kuwa yana nan kwance a ƙofar maƙwabta.