Gujiyar Nijar da kasuwar mai ta duniya

An saba ɗora wa farin 1973 da cutar da ta faɗa wa gonaki a 1975 alhakin durƙushewar gujiya a Nijar. A ganinmu, matsalar ta girmi farin.

A shekarun 1960 gujiya ce ke kawo fiye da rabin kuɗin kayan da ƙasar ke saidawa waje. Gwamnati ta kafa SONARA a 1962 don ta riƙe cinikinta, masana'antun Maraɗi da Matamai na tatsar mai. Sai dai kusan duk wannan ciniki ya dogara ne ga mai saye guda, wato Faransa, wadda ke biyan farashin da ya ɗara na kasuwar duniya. Yarjejeniyar Yawunde ta 1963 ta tanadi soke wannan gata, aka kuwa soke shi a 1967. Daga nan gujiyar Damagaram ta shiga takara da waken soya na Amurka, daga baya da manjan Maleshiya. Masana'antun abinci na Turai ba ruwansu da ɗanɗanon man gujiya, mai araha suke nema. Ko da ruwan sama ya dawo, masu sayen ba su dawo ba, ga shi kuma uraniyom na Arlit ya ɗauke hankalin hukuma.

Yau Indunusiya da Maleshiya ke samar da fiye da kashi 80 cikin 100 na manjan duniya, tataccensa ya cika kasuwannin Maraɗi a jarkoki. Tatsar gujiya kuwa ta fi ƙarfi a hannun mata, a cikin gida, inda sau da yawa ƙuli-ƙuli ke fid da ribar da man ya kasa fiddawa.