Orlando Martins, ɗan Legas da ya yi fim da Ronald Reagan

A 1949 aka saki fim ɗin The Hasty Heart, labarin wasu sojoji da ke jinya a wani asibitin soja a Burma daidai ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Ronald Reagan na cikin 'yan wasan, tun siyasa ba ta ɗauke shi ba. A ɗakin jinyar akwai wani ƙaton soja baƙar fata, Blossom, mutumin Basuto da ba ya jin Turanci. Orlando Martins ke nan, haifaffen Legas.

An haife shi a 1899, ya tafi Landan a 1917, kuma kafin ya samu shiga fim ya sha gwagwarmaya: aikin jirgin ruwa, kokawa, har wasa da maciji don a biya shi. A Sanders of the River na 1935, fim ɗin kambama mulkin mallaka da jaruminsa Paul Robeson ya yi tir da shi daga baya, Martins ya ɗan leƙo. Jomo Kenyatta ma yana ciki, cikin 'yan cike gurbi. Sai a 1946 aka san da zaman Martins, da ya fito a matsayin boka Magole a Men of Two Worlds.

Allah ya hore masa murya mai kauri, amma a The Hasty Heart abin da aka ba shi ya riƙa faɗa bai wuce sunansa, Blossom, ba. Duk da haka shi ya riƙe wurin da labarin ya fi sosa rai. Wani soja ɗan Sikotlan da ciwon ƙoda ke shirin kashewa ya gano abokan jinyarsa sun san halin da yake ciki, ya ɗauka tausayi ne kawai ya sa suke jansa a jiki. Blossom ya miƙa masa sarƙar duwatsu kyauta, shi kuwa ya watsa masa ƙasa a ido. Alhali Blossom kaɗai ne bai san sojan zai mutu ba, tunda bai ji abin da aka faɗa ba. Da fuska da hannu Martins ya isar da wannan. A ganina masu fim ɗin sun yi asarar murya, shi kuma ya nuna musu iyakarsu.

Ya koma Legas a 1959. A 1970 ya fito a Kongi's Harvest, wanda aka ɗauko daga wasan kwaikwayon Wole Soyinka aka shirya a Najeriya. Ya rasu a Legas a 1985, yana da shekara 85.