Daga Gonar Aidan zuwa Kartaj: Yadda Laifin Adamu ya Zama Gado

Wanda ya buɗe Littafin Farawa, sura ta uku, yana neman inda aka ce ana haifar kowane ɗan'adam da laifin Adamu a wuyansa, zai kai ƙarshen surar bai gamu da wurin ba. Ayoyi 24 ne kacal. Maciji ya yi wa mace romon baka, ta ci 'ya'yan itacen da aka hana, ta miƙa wa mijinta, shi ma ya ci ba gardama. Suka ga tsiraicinsu, suka ɗinka ganyen ɓaure. Da aka titsiye su, mijin ya ɗora wa matar, matar ta ɗora wa maciji. Laifi dai tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Labarin bai kira macijin Shaiɗan ba, bai kuma ce tuffa aka ci ba. La'ana a kan maciji da ƙasa ta sauka. Rabon mutanen biyu shi ne naƙuda mai zafi, da noma cikin gumi, da komawa turɓaya. Kafin a kore su ma, sai da Allah ya suturta su da tufafin fata. Zancen zunubi sai a sura ta huɗu yake fitowa, lokacin da fuskar Kayinu ta murtuke don an karɓi hadayar ƙanensa Habila an bar tasa. Ko a nan, an nuna masa zunubi ne a matsayin abin da ke laɓe a bakin ƙofa, wanda shi Kayinu yake da ikon rinjayarsa. Wato ɗan Adamu na fari, hannunsa ba a ɗaure yake ba.

Sauran littattafan Tsohon Alkawari da wuya suke waiwayar gonar. Gaskiya ne Littafin Fitowa ya yi maganar alhakin iyaye da ke bin 'ya'ya da jikoki, amma Ezekiyel, a sura ta 18, ya tsaya kai da fata cewa ɗa ba zai ɗauki laifin ubansa ba. Sai can daga baya malaman Yahudawa suka soma tono labarin. Ben Sira, wajen shekara ta 180 kafin haihuwar Almasihu, ya ɗora farkon zunubi a kan mace, kuma mata sun daɗe suna biyan bashin wannan jimla. Bayan Romawa sun rushe Haikalin Urushalima a shekara ta 70, littattafai biyu da aka jingina wa Ezra da Baruk suka yi ta juya tambayar: na farko yana kuka da abin da Adamu ya jawo wa zuriyarsa, na biyu yana cewa kowa shi ke jawo wa kansa. Manzo Bulus kuwa, a wasiƙarsa zuwa ga Romawa, ya jera Adamu da Almasihu gefe da gefe: ta ɗaya mutuwa ta shigo, ta ɗayan rai. Bulus ya ba da kayan gini, amma bai faɗi dalla-dalla yadda laifi ke ratsawa daga uba zuwa ɗa ba.

Shi ya sa Ireniyus, bishof na Liyon a Faransa ta yau, ya iya karanta labarin wajen shekara ta 180 ta wata fuska dabam. A ganinsa Adamu da Hawwa'u yara ne, hankalinsu bai nuna ba, suka yi gaggawar kai hannu ga abin da lokacinsa bai yi ba. Ikilisiyoyin Gabas, masu magana da Girkanci, sun fi karkata nan: mun gāji mutuwa da raunin hali, amma laifin na mai shi ne.

A Arewacin Afirka ne aka ƙulla ɗaya fahimtar, kuma jarirai ne suka ƙulla ta. Tun wajen shekara ta 200 Tartuliyan na Kartaj, kusa da Tunis ta yanzu, yake tambayar me ake yi wa gaggawar kai yara marasa laifi ga baftisma. Amma al'ada ta fi ƙarfinsa. Bayan kamar shekara 50, Kifriyan, bishof na birnin, da majalisarsa suka yanke cewa ba sai an jira kwana takwas kafin a yi wa jariri baftisma ba. Saboda haka lokacin da Agustin ya zo, wanda aka haifa a 354 a Tagaste, Suk Ahras ta Aljeriyar yau, ya tarar da abin ya zauna daram. A matsayinsa na bishof na Hippo yana ganin uwaye suna rugowa majami'a da jinjirai masu numfashi sama-sama, suna roƙon a yi musu baftisma kafin rai ya yi halinsa. Hujjarsa daga nan ta taso: in baftisma wankin zunubi ce, jinjirin kuma bai aikata komai ba, to me ake wankewa?

Agustin mutum ne mai bin diddigin zuciya. A littafin da ya yi ikirarin rayuwarsa, wajen shekara ta 397, ya ba da labarin wani jariri da ya gani, bai ma iya magana ba, amma fuskarsa ta canza don kishi yana hararar abokin shan nononsa. Ya kuma tuna daren da shi da abokansa, yana ɗan shekara 16, suka kakkaɓe 'ya'yan wata bishiya ta maƙwabta. Ba yunwa suke ji ba, 'ya'yan ma ba su da wani daɗi, aladu suka watsa wa. Abin da ya dame shi shi ne ya so ɓarnar don ita kanta. Marubucin da ya fi kowa tsananta hukuncin gonar, shi ne kuma ya sake rubuta ta a matsayin labarin kansa, da bishiyarsa da komai.

Abokin karawarsa Felajiyus ne, malami daga Birtaniya da ya yi suna a Roma. Ya ƙosa da Kiristocin da ke fakewa da raunin ɗan'adam, yana cewa Allah ba zai umarci mutum da abin da ba zai iya ba, kuma Adamu mugun misali ya bari, ba tabo a jini ba. Da mayaƙan Alarik suka washe Roma a 410, shi da almajirinsa Kelestiyus suka tsallako Afirka. A 411 aka hukunta Kelestiyus a Kartaj. A 415 wata majalisa a Diyosfolis ta Falasɗinu ta wanke Felajiyus. Fafaroma Zosimus ma da fari ya sassauta masa, sai bishof-bishof na Afirka suka ƙi sakin wuya, sarkin Roma Honoriyus ya sa baki, majalisar Kartaj ta 418 ta rufe maganar. Yuliyan, bishof na Eklanum, ya ci gaba da ja, yana cewa Allahn da zai hukunta jinjiri ba adali ba ne. Agustin bai ja da baya ba: jaririn da ya mutu ba baftisma yana ƙarƙashin hukunci, sai dai mafi sauƙi. A kan wannan muhawara yake rubutu har ya rasu a 430, mayaƙan Bandalawa na kewaye da Hippo. A nawa ganin, Agustin ya fi sanin zuciyar mutum, Yuliyan kuma ya fi shi gaskiya a kan jarirai.

Mai karatu Musulmi zai lura da inda hanyoyi suka rabu. A Alƙur'ani Adamu da matarsa tare suka yi kuskure, tare suka nemi gafara, aka karɓi tuba, kuma ba ran da ke ɗaukar nauyin wani. Labarin 'ya'yansa biyu yana cikin suratul Ma'ida, har da hankakan da ya koya wa makashin binne gawa. Bahaushen Kirista kuwa, da ya samu cikakken Littafi Mai Tsarki da harshensa a 1932, ya karɓi Farawa ne daga hannun 'yan mishan da suka tashi a makarantar Luta da Kalbin, waɗanda suka ƙara wa koyarwar Agustin kaifi. Katolika ma sun tabbatar da zunubin asali a majalisar Tirent a 1546.

Mawaƙa da marubuta ne suka dawo da tambayoyin da majalisu suka rufe. Milton, a 1667, ya ba Adamu da Hawwa'u hira da gardama da sulhu irin na miji da mata. Bairon, a wasan kwaikwayonsa na 1821, ya mai da Kayinu mai tambayar dalilin da zai biya bashin da aka ci kafin a haife shi. Abin ya harzuƙa Ingila har kotu ta ƙi kare haƙƙin mallakar littafin. Kirkegad na Denmak, a 1844, ya ce rashin laifin Adamu rashin sani ne, kuma kowa ta irin ƙofarsa yake faɗawa. A 1978 Filis Tiribul ta Amurka ta nuna abin da ke rubuce ɓaro-ɓaro aka daɗe ana tsallakewa: matar ce ta yi tunani ta yi magana, mijin yana gefe bai ce uffan ba. Masu karatun adabi kuma suka lura labarin bai faɗi dalilin ƙin hadayar Kayinu ba, kuma alamar da aka sa masa ta kariya ce, don kada a kashe shi, duk da cewa masu cinikin bayi da magoya bayansu sun juya ta suka ce baƙar fata ce.

Batun jariran kuwa bai kwanta ba. Malaman tsakiyar zamani sun ƙirƙiro musu wani matsayi tsakanin wuta da aljanna, inda ba azaba ba kuma ganin Allah, amma ikilisiya ba ta taɓa mai da shi aƙida ba. A 2007 kwamitin malaman tauhidi na Fadar Batikan, da amincewar Fafaroma Benedik na 16, ya fitar da takarda da ke cewa akwai dalilai masu ƙarfi na sa ran ceto ga jaririn da ya mutu ba baftisma. Koyarwar zunubin asali kuwa, takardar ta bar ta yadda take.