Mutumin Da Ke Bayan Fiyano: Nasir Gwale da Tarihin Kiɗan Fim ɗin Hausa

Ga rubutaccen shirinmu na wannan mako, saboda waɗanda datarsu ba ta isa sauraro ba.

Daren Juma'ar da ta wuce muna zaune wajen mai shayi a nan Samaru, mu bakwai, sai wayar wani ta ɗauki tsohuwar waƙar Sangaya. Wallahi har mai shayin sai da ya rausaya kai. Na ce to jama'a, su wa suka fito a fim ɗin nan? Kafin in rufe baki an ce Ali Nuhu da Fati Mohammed. Na ce madalla, yanzu ku kira mini sunan mutum ɗaya tak da yake buga wa finafinan wancan zamani kiɗa. Shiru. Wani ya ce ai kwamfuta ce. A'a malam, lokacin babu kwamfuta a harkar, mutum ne yake zama da yatsunsa goma. Shi ya sa yau na ce bari mu yi maganar ɗaya daga cikin mutanen nan, wanda a wajensa abin ya faro.

Sunansa Nasir Usman Ishaq Gwale, mutumin birnin Kano. Farfesa Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero, wanda ya daɗe yana bin diddigin harkar fim ɗin Hausa, shi ya adana mana labarinsa, Allah Ya saka masa da alheri. A shekarar 1985 wani ɗan'uwan Nasir ya ba shi kyautar ƙaramar fiyano, Casiotone MT-140. Ƙarama ce sosai, kusan ta wasan yara, irin wadda za ka rungume a hammata ka hau keke. Bai je makarantar kiɗa ba. Ya dai zauna yana daddannawa har hannunsa ya faɗa, yana nishaɗantar da abokai.

A wannan lokacin yana zuwa makarantar dare ta manya ta Masallaci a cikin birni. A nan ya haɗu da Ado Ahmad Gidan Dabino, wanda daga baya ya rubuta In Da So Da Ƙauna. Ado da abokansa suna da ƙungiyar wasan kwaikwayo, da suka ji yadda Nasir yake sarrafa 'yar fiyanon nan sai suka jawo shi ya zama mai yi musu kiɗa. Ku lura da wannan, don yana da muhimmanci: kiɗan fim ɗin Hausa a makarantar yaƙi da jahilci ya yi tsiro, a tsakanin matasan da suke neman abinci da rana, su yi karatu da dare.

Sauran ƙungiyoyin dirama na Kano suka gani suka yaba, suka riƙa gayyatarsa. A watan Maris na 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya, wanda Salisu Galadanci ya ba da umarni, shi ake ƙirgawa fim ɗin Hausa na farko a kaset ɗin bidiyo na kasuwa. Daga nan 'yan dirama suka fara komawa bidiyo, kuma duk mai fim yana buƙatar abin da zai cike shirun da ke tsakanin magana da magana. Wasu sukan ɗauko 'yan Koroso na Hukumar Tarihi da Al'adu ta Kano, da sarewarsu da lalajensu. Amma ɗauko ƙungiya guda kuɗi ne, ga mota, ga abinci. Nasir kuwa mutum ɗaya ne da akwatinsa. Ga furodusan da ya sayar da babur ya shiga fim, lissafin ba shi da wuya.

Kuma ba shi kaɗai yake yawo ba. Akwai samarin da suke biye da shi suna ɗaukar masa kaya suna koyo, cikinsu har da Alee Baba Yakasai, da Muktar Kwanzuma, da Shu'aibu Idris Lilisco wanda a da gwanin rawar disko ne. Wato dai irin koyon sana'ar da muka sani, yadda yaron tela ko na bakanike yake koya. A gani na wannan ita ce babbar gadon Nasir, ta fi kowane kiɗa ɗaya da ya buga. Shi ya buɗe makarantar da ba ta da allo ba ta da satifiket, amma ita ta yaye waɗanda suka riƙe sautin masana'antar a shekarun da suka biyo.

Sai maganar na'ura. Wajen 1996 Hamisu Lamido Iyan-Tama ya sayi Yamaha PSR-220 ya sa a situdiyonsa. Bari in ɗan yi bayani ga wanda bai taɓa taɓa irinta ba. A cikinta akwai muryoyin kayan kiɗa da aka riga aka naɗa, sarewa, ganga, goge irin na Turawa, da sauransu. Akwai kuma salon bugu da take yi da kanta: ka zaɓi salo, hannun hagu ya riƙe mata hanya, hannun dama ya bi muryar mawaƙi. Mutum ɗaya ya zama ƙungiya guda. Fim ɗin Badaƙala na Ɗan Azumi Baba, na 1997, yana cikin na farko da suka ci moriyarta.

A 1999 situdiyon ya ƙaro wadda ta fi ta, PSR-730, kuma a kanta aka buga kiɗan Sangaya na kamfanin Sarauniya. To a nan ne tarihin talla ya shigo. Kafin fim ɗin ya fito, tallansa ya riga shi, da waƙar tana tashi, da rawar a jere. Mutane suka haddace waƙa ba su ga fim ba. Dillalan Ƙofar Wambai da Bata suka gane cewa waƙa ce take sayar da kaset. Daga nan sai abin ya juye: a fara shiga situdiyo a buga waƙa, a ɗauki rawarta, a yanka talla, a manna a farkon kaset ɗin wani fim, wani lokacin ma labarin sai daga baya ake ƙulla shi. Wanda ya taso a gidan da ake hayar kaset daga Sabon Gari ya san wannan, sai ka sha tallace-tallace kafin fim ya fara, kuma mu yara tallan ma muka fi so.

Akwai abin da kullum yake tsaya mini a rai game da shekarar nan ta 1999. A watan Yuninta Alhaji Mamman Shata ya rasu, aka kai shi Daura. Mutumin da Jami'ar Ahmadu Bello, nan bayan katangarmu, ta ba digirin girmamawa a 1988. Shekarar da kalangu ya rasa babban ubangidansa, ita ce shekarar da fiyano ta ci kasuwa. Dattawa da yawa sun ce an kashe kiɗan gargajiya an kawo na Indiya, har aka raɗa wa sabon salon suna nanaye, da sigar raini. Suna da gaskiyarsu, domin an kwaikwayi karin waƙoƙin Indiya ba kaɗan ba, wasu ma kai tsaye. Amma ni akwai abin da nake gani bai canza ba ko kaɗan. Mu Hausawa waƙa muke girmamawa, wato magana. Mai kalangu yana bayan mawaƙi, da shi da 'yan amshi, sai in ubangidan ya ga dama ya ambace shi a cikin waƙa. Mai fiyano ya gaji wannan kujerar ta baya. An sauya kayan kiɗa, ba a sauya matsayin makaɗi ba.

Ku kwatanta da Indiyan da ake cewa mun kwaikwaya. A.R. Rahman shi ma da buga fiyano a ƙungiyar wasu ya fara, har da ta Ilaiyaraaja, yana kuma yin kiɗan tallace-tallace, kafin fim ɗin Roja na 1992 ya fito da shi. A 2009 ya ɗauki kyautar Oscar guda biyu. A can sunan mai tsara kiɗa yana kan fosta, kuma mutane suna shiga silima saboda shi. Mun ɗauko rawar, mun ɗauko karin, mun bar musu wannan ɗabi'ar.

Abin da ya biyo baya kun san shi, ba sai na ja ba. Kwamfuta ta shigo, da manhajoji irin su FruityLoops da Cubase, da na'urar gyaran murya. Hukumar tace finafinai ta Kano ta kafu a 2001, kuma daga 2007 zamanin Abubakar Rabo aka matsa wa masu waƙa da rawa. Adam A. Zango, wanda shi ma da kiɗa ya fara kafin fuskarsa ta yi suna, ya sha ɗauri a 2007 kan kundin Bahaushiya. Shi kansa Iyan-Tama an ɗaure shi a ƙarshen 2008 kan fim ɗin Tsintsiya. Ku duba misalin Zango da kyau: sai da ya taso daga bayan fiyano ya tsaya gaban kyamara sannan duniya ta san shi.

Yanzu zamanin dogon zango muke, tun da Arewa24 ta buɗe a 2014 aka samu su Daɗin Kowa da Kwana Casa'in, sannan Labarina da Izzar So. Buƙatar kiɗa ta ninka, domin kowane mako akwai sabon kashi, kowane kashi da tallansa a YouTube da TikTok. Sai ka ɗauka yanzu ne masu kiɗa za su dara.

Ina da aboki a nan Samaru, ɗakinsa ɗaya ne, ya manna katifar soso a bango, in an ɗauke wuta aiki ya tsaya. Wani mai shirya fim ya zo ya ce a yi masa kiɗan talla na minti ɗaya da rabi. Ya kwana uku a kai. Aka ba shi abin da bai wuce kuɗin man janareta da na shayi ba, babu takarda, babu komai, an dai yi musabaha. Bayan wata biyu sai ga kiɗan nan ya zama taken shirin gaba ɗaya, yana tashi a farkon kowane kashi. Muka zauna muka bi sunayen ƙarshe ɗaya bayan ɗaya. Akwai mai kwalliya, akwai direba, akwai mai dafa abinci, kuma duk sun cancanta. Nasa babu. Da ya kira, sai aka ce masa ai an biya shi.

Ni ban ga laifin musabaha ba, da ita iyayenmu suka yi kasuwanci. Amma a zamanin kaset, in an sayar an gama. Yau kiɗan yana kawo kuɗi duk lokacin da wani ya danna, shekara da shekaru. Kuma akwai doka. Sabuwar dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda Shugaba Buhari ya sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta tanadi cewa sayar da haƙƙin aiki ɗungurungum sai a rubuce, kuma mai aiki yana da haƙƙin a ambaci sunansa. Akwai Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Ƙasa, akwai ƙungiyar MCSN mai karɓar wa masu kiɗa kuɗinsu. Abokina bai taɓa jin ko ɗaya ba sai ranar da muka zauna. Yanzu yana da 'yar takarda mai layi biyar da muka rubuta da Hausa: sunan aiki, inda za a yi amfani da shi, tsawon lokaci, kuɗi, da yadda za a rubuta sunansa a allo. Mutum biyu sun ƙi sa hannu sun tafi. Na uku ya sa.

Ga masu situdiyo na Samaru, Hayin Dogo, Palladan da Sabon Gari, duk mai son kwafin takardar nan ya yi magana ta akwatin saƙo, kyauta ce. Sannan in akwai wanda a gidansu har yanzu ake ajiye da tsofaffin kaset na shekarun 1990, don Allah kada a zubar. Mun samu bidiyo mai aiki a wajen wani mai gyara a Sabon Gari, muna so mu bi sunayen ƙarshen nan mu rubuta na masu kiɗa a wuri ɗaya. Sai mun haɗu a mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu.