Awon Ƙasar Dagwamba da Kwanaki da Agogo

Tun kafin a san Tamale a matsayin babban birnin arewacin Gana, fataken Hausa masu zuwa Gwanja fataucin goro suna da tasu taswirar ta wannan ƙasa, sai dai a ƙirjin madugu take, ba a kan takarda ba, kuma ma'auninta kwana ne. Ayari yakan tashi daga Kano da jakuna ɗauke da kanwa da tufafi, ya ƙetare Kwara, ya ratsa Borgu, ya bi ta Sansanne Mango da Yendi har ya sauka Salaga bayan watanni, kuma in aka tambayi madugu nisan gari da gari, sai ya lissafa zango nawa ne a tsakani. To amma kwanan tafiya ba ya da tsayayyen ƙadari, domin hanyar da ake yankewa cikin kwana uku da rani takan ci mako da damina idan koguna suka kawo, balle kuma a ce sarkin wani gari ya tsare ayari kan kuɗin fito, ko labarin 'yan hari ya sa an yi zagaye. Bilhasali, ƙasar takan miƙe ta kuma takure gwargwadon yanayin shekara da halin sarakuna.

Da irin wannan ilmi ne Turawa suka fara zana arewa ba tare da sun taka ta ba. Bowdich, wanda ya je Kumasi a 1817, da Dupuis da ya biyo shi a 1820, sun zauna da malamai da attajirai Musulmi na birnin, suka karɓi jerin zangogin hanyoyi, wasu a rubuce da Larabci, sa'an nan suka ƙiyasta wa kowane kwana adadin mil, suka ɗora garuruwa a takarda. Mai hankali ya san abin da zai fito daga wannan hisabi: kwanan mai doki da na mai jaki da kaya duk an yi musu kuɗin goro, gari kuma ya faɗa inda alƙalami ya ajiye shi.

Maganin da masana falaki suka kawo shi ma lokaci ne, amma lokacin da aka ɗaure. Wanda ke son sanin nisansa gabas ko yamma sai ya riƙe agogon da ke bin sa'ar Girinic ta Ingila, ya duba zawalin rana a inda yake, ya auna bambancin, kowane minti 4 daraja guda ce. A 1884 taron Washintan ya tsai da layin Girinic a matsayin mafarin lissafi, kuma abin mamaki, layin nan ya ratsa ƙasar Dagwamba daf da Yendi, fadar Ya Na sarkin Dagwamba, ta yadda ranar Tamale ba ta makara ga agogon London sai da minti uku da 'yan kai. Wanda ya fi kowa aiki da wannan fanni a nan kuwa baƙar fata ne, George Ekem Ferguson, mutumin Fante daga Anomabo, wanda ya karanci awon ƙasa a London, ya zaga arewa a 1892 da 1894 yana ƙulla wa Ingila alkawura da sarakuna yana kuma zana ƙasarsu, har dakarun Samori suka kashe shi a wajejen Wa a 1897.

Mutanen da ake aunawa kuwa suna nan da nasu lissafin, wanda bai san Girinic ba. Malamai suna bin watannin hijira, saboda haka bikin Bugum da na Damba suna matsowa da kimanin kwana 11 kowace shekara, su faɗo yau cikin hunturu, bayan shekaru cikin marka. Kasuwa tana ci duk kwana shida, ba ruwanta da Juma'a ko Lahadi. Makaɗan fada kuma, waɗanda su ne taskar tarihin ƙasar, suna ƙirga zamani da sunayen sarakuna, ɗaya bayan ɗaya. A ganina babu ruɗani a cikin wannan, kowane lissafi da hidimar da yake yi.

Ruɗanin ya zo ne daga takarda. A 1888 Ingila da Jamus suka shata wani yanki da ya haɗa da Salaga da Yendi, suka ce ba na kowa ba ne a cikinsu, alhali masu shi suna zaune a ciki. Jamus ta karya rundunar Dagwamba a Adibo a 1896, sa'an nan a 1899 aka soke wancan yanki aka raba ƙasar biyu, Yendi ta faɗa hannun Jamus, yammacin masarautar ya zama na Ingila. Da Ingilishi suka ga sun samu talakawa ba fadar sarkinsu, suna kuma neman mazauni a tsakiyar abin da suka mallaka, sai suka ɗauke hedkwatarsu daga Gambaga suka kawo ta Tamale a 1907, lokacin tana 'yan ƙauyuka a ƙarƙashin basaraken wurin, Dakpema. Layin rabon bai daɗe ba, domin a 1914 sojojin Ingila suka shiga Yendi, bayan yaƙi kuma aka mai da Dagwamba ƙarƙashin mulki guda. Ya Na ya ci gaba da zama a Yendi, amma ofisoshi da barikin soja da babbar hanyar Kumasi sun riga sun tare a Tamale, Hausawa 'yan kasuwa ma suka bi su can suka kafa unguwarsu.